Jawabin da anka yi a Wasagu bisa koyon baƙon harshe

 

Abin da anka ce in yi magana a kai shi ne yadda mutum zai koyi harshen da ba na uwarsa ba, ba tare da ya ƙare kwanakinsa a banza ba. Ku sani babu ƙasar da wannan magana ta kama kamar tamu. Masarautar Zuru sarautu biyar ce, Dabai da Danko da Fakai da Sakaba da Wasagu, kuma a cikinta akwai Dakarkari, waɗanda ke kiran kansu Lelna, da Fakkawa, da Dukkawa, da Kambari, da Acifawa, da Fulani, ga mu Hausawa. Wanda ya wuni kasuwar Bena kunnensa ya sha harsuna. Yaron ƙauye na wajen Ribah, kafin ya kai shekara goma, ya iya harshen gidansu, ya iya Hausa, ya fara tsintar Turanci, alhali ba wanda ya taɓa buɗe masa littafin nahawu. Mu kuwa masu allo da tawada da gafaka, sai ka ga ɗayanmu ya shekara goma sha biyar a zaure, ya sauke Ajurumiyya, ya haddace rabin Alfiyya, amma ran da ya sauka Jidda, Balarabe ya tambaye shi ina masaukinsa, sai ya waiwaya yana neman tafinta. Na san malamin da wannan ya sama, kuma ba ƙaramin malami ba ne. To, me yaron nan ya riƙe wanda ya kuɓuce mana?

Ibn Haldun ya amsa wannan tun shekarar 1377, cikin Muƙaddima. Abin da ya nuna shi ne, harshe malaka ce, watau ƙwarewa irin ta sana'a, wadda ke zauna wa mutum ta hanyar ji da maimaitawa, shi kuwa nahawu bayanin wannan ƙwarewa ne, ba ita kanta ba. Ya buga misali da wanda ya san zancen ɗinki, zai gaya maka yadda a ke zura zare a kafar allura, da yadda a ke naɗe bakin ƙyalle, amma kadan ka miƙa masa allurar ba ya iya ɗinka taki ɗaya. Ya ce haka a ke samun gwanayen nahawu waɗanda in an ce su rubuta wa aboki layi biyu sai su cika shi da kure. Ba ni na faɗa ba, kada wani ya fita nan ya ce na raina nahawu. Malam Abdullahi na Gwandu, wanda ya rasu a 1829, ya wallafa Bahrul Muhiɗ a nahawu da Hisnur Rasin a sarfu, kuma da bai ga amfaninsu ba da bai ɓata tawadarsa ba. Nahawu ma'auni ne na gyaran gini. Sai dai ba a gyaran ginin da ba a ɗora tubalinsa ba.

Saboda haka kunne ne farko. Duk harshen da za ka shiga, ka fara da saurare, ko da ba ka fahimtar kome, har ka san inda kalma ta ƙare da inda wata ta soma. Sa'an nan abin da za ka fara ɗauka kada ya zama kalmomi ɗai ɗai, ya zama magana cikakkiya wadda za ka yi aiki da ita yau ɗin nan: gaisuwar safe da amsarta, nawa ne wannan, ina hanyar wuri kaza, sake faɗi, yi sannu ban ji ba, mene ne sunan wannan da harshenku. Waɗannan uku na ƙarshe su ne mabuɗai, zama wanda ya iya su ya mai da kowane mai harshe malaminsa. Matambayi ba ya ɓata.

Ku tuna labarin Zaidu ɗan Sabitu, Allah ya yarda da shi, da anka umurce shi ya koyi rubutun Yahudawa don wasiƙu, ya ƙware cikin kamar rabin wata, a wata ruwaya kuma Suryananci ne, cikin kwana 17. Mutane na jin wannan su ce baiwa ce, su yi shiru. Baiwa ce, ba shakka. Amma ku duba abin da ke tare da ita. Saurayi ne. Harsunan nan 'yan'uwan Larabci ne na kusa, saiwoyin kalmominsu da yawa ɗaya ne. Kuma aiki na jiransa, wasiƙa ta zo ana so a karanta, wata ana so a rubuta. Ƙuruciya ba ta komo wa wanda ta wuce, amma sauran biyun suna hannunmu: ka nemi inda baƙon harshe ya yi kama da naka ka shiga ta nan, kuma ka sama wa kanka aikin da ba ya yiwuwa sai da shi.

Bari in tsaya kaɗan a kan kamanni, don nan ne Bahaushe ke zaune bisa dukiya bai sani ba. Masana harsuna sun tabbatar Hausa da Larabci dangi ne na nesa, asalinsu guda, tun kafin zancen aro. Ka ce kitabuka, kitabuki, kitabukum, sa'an nan ka ce littafinka, littafinki, littafinku. Ka ji ka da ki da ku? Larabci na sa ta ga mace, taktubu, mu kuma mu ce ta rubuta. Larabci na sa mimun a gaba don wuri da kayan aiki, maktab, miftah, mu kuma mu ce makaranta, mabuɗi. Bayan wannan ga aro mai yawa, wanda kakanninmu sunka haɗiye har da alif da lam ɗinsa: alƙali, alƙalami, aljihu, albasa, alkama. Wani wurin alif ya faɗi, lam ya rage: labari daga alhabar, lokaci daga alwaƙt, laifi daga al'aib, lissafi daga alhisab, lafiya daga al'afiya, liman daga al'imam. Almajirin da ya gane wannan ya shiga Larabci da guzurin ɗaruruwan kalmomi tun ranar farko. Haka Turanci ya bar mana tebur da mota da soja da asibiti da kafinta, haka 'yan'uwanmu na Maraɗi da Damagaram sunka karɓi lakwal da mushe daga Faransanci. Sai dai a yi hattara, kalmar aro takan sauya ma'ana a hanya. Sabulu yana nan yadda ya ke, amma wanda ya ce wa Balarabe wahala yana nufin abin da mu ke nufi, ba lalle a gane shi ba. A gwada kowace a gaban mai harshe kafin a dogara da ita.

Abin mamaki, harshen maƙwabcinmu na Dabai ya fi Larabci nisa da Hausa wajen gini. Shi yana cikin harsunan da masana ke kira na Kainji, waɗanda ba su raba suna namiji da mace, sai su raba sunaye aji aji, kowane aji da alamarsa a gaban kalma. Ku duba saiwa guda: mutum ɗaya K'Lela, ƙasarsu A'Lela, harshensu C'Lela. Fulatanci ma ajin sunaye gare shi, amma alamarsa a baya ta ke, Pullo, Fulɓe. Wani Bajamushe, Carl Hoffmann, ya rubuta bayanin ajin sunayen C'Lela a 1967. Ribar sanin wannan biyu ce. Ta farko, in za ka koyi sunan abu a irin waɗannan harsuna, ka ɗauke shi da alamarsa da jam'insa gaba ɗaya, kada ka yanke masa kai. Ta biyu, in ka ji maƙwabcinka ya ce matata ya zo, kada ka yi dariya. Harshensa bai raba ya da ta ba, kuma ran da ka shiga nasa, kurenka a ajin sunaye zai fi nasa yawa.

Na ambaci dariya, to ita ce babbar ɓarauniyar harshe a ƙasar Hausa. Mun saba kiran Hausar baƙo gwaranci, saboda haka mu ke tsoron a ji namu gwarancin. Malami ya fi kowa wannan ciwo, zama ya saba a durƙusa a gabansa, ba ya son ya koma kolo a gaban yaro. Ku dubi mutanen ƙasar nan da sunka shahara da aikin soja tun zamanin Turawa. Da yawa sun shiga bariki da harshen gidansu, sunka ɗauki Hausa a can, don ita ce harshen rundunar, har anka sami abin da a ke kira Barikanci. Sojan Afirka ta Yamma sun tafi Indiya a 1943 da 1944, sun yi yaƙi a Bama. Wanda ransa ke rataye ga fahimtar umurnin saje ba ya da lokacin jin kunya. Su kansu Turawan mulki dole ce a kansu su ci jarrabawar Hausa, kuma Hausar da yawansu abin dariya ce, amma ba su fasa yi ba.

Kafin su akwai Barth, Bajamushen da ya kira kansa Abdulkarim, ya shiga Kano a 1851, ya sauka Gwandu a 1853. Ya zo da Larabci, ya ɗauki Hausa da Barbarci da Fulatanci a hanya, daga bakin barorinsa da abokan tafiya, yana rubuta kalmomi kullum. Da zai koma a 1855 ya tafi da wani yaro Bahaushe na ƙasar Damagaram, sunansa Dorugu. Yaron nan ya ga Ingila da Jamus, ya iya Turanci, kuma daga bakinsa ne Schön ya rubuta Hausa mai yawa, har ta shiga littafinsa Magana Hausa na 1885. Dorugu ya rasu a Kano a 1912. Mutum biyu ke nan, ɗaya masani, ɗaya bawan da anka 'yanta, hanyarsu guda: zama da maɗaukin kanwa.

Yanzu zancen mantuwa, wadda kowa ke kuka da ita. Wani Bajamushe kuma, Ebbinghaus, ya auna ta a kan kansa, ya buga sakamakon a 1885. Ya riƙa haddace gaɓoɓin da ba su da ma'ana, yana duba abin da ya rage. Ya tarar bayan awa guda fiye da rabi ya zube, bayan kwana ɗaya wajen kashi biyu cikin uku, daga nan zubar ta yi sanyi. Ya kuma tarar maimaitawa 38 da anka rarraba cikin kwana uku ta yi aikin maimaitawa 68 da anka yi a zama ɗaya. Alarammomin da ke nan za su yi murmushi, don wannan shi ne tishi da tilawa, kuma ba su jira Bajamushe ba. Gardi ya san ƙarin yau in bai sha tishi gobe da jibi ba, wankin allo ya tafi da shi. Abin da ke ba ni haushi shi ne, mun tsare wannan ƙa'ida a hadda, amma da mun juya ga lugga ko Turanci sai mu watsar da ita, mu cusa kalma hamsin dare ɗaya, mu wayi gari da biyar.

Ga dabara mai sauƙi, asalinta daga wani mai suna Leitner ne, a 1972, amma na mai da ita irin kayanmu. Ka yanka takarda ƙanana ƙanana. A fuska ɗaya ka rubuta baƙuwar kalma cikin gajeruwar magana, a bayanta ma'anarta da Hausa. Ka sami gwangwani uku. Na farko kullum a ke buɗe shi, na biyu bayan kwana uku, na uku ran Laraba kaɗai, kafin hutun Alhamis. Sabuwar takarda a na farko ta ke shiga. Ka ɗauko ta, ka dubi Hausar, ka faɗi baƙuwar maganar da ƙarfi kafin ka juya. In ka dace, ta hau gwangwani na gaba. In ka kasa, ko daga na uku ta ke, ta komo na farko. Da haka wahalarka ke tafiya ga kalmomin da ke gudunka, waɗanda sunka zauna kuwa ba su ci maka lokaci. Sirrin yana ga faɗi kafin juyawa. Duba amsa kana gyaɗa kai ba karatu ba ne, ruɗin kai ne.

Wane kalmomi za a sa a gwangwanin? Ba kowace ba. Ƙamus ɗin Bargery na Hausa, na 1934, ya tara kalmomi wajen 39,000, amma wa ya taɓa jin mai gyaɗa ta yi ciniki da dubu ɗaya cikinsu? Kowane harshe haka ya ke, kalmomi kaɗan ne ke ɗauke da yawancin kaya. A Turanci Michael West ya fitar da jerin kalmomi wajen 2,000 a 1953, waɗanda sun kai wajen 80 cikin 100 na abin da ke cikin rubutu na yau da kullum. Paul Nation kuma ya ƙididdige a 2006 cewa mai son karanta littafin Turanci ba tare da jingina ga ƙamus ba yana bukatar iyalan kalmomi 8,000 zuwa 9,000. To, mu yi lissafi. Ranakun karatu biyar ne a mako, watau 260 a shekara. Kalma takwas a rana, 2,080 ke nan. Shekara guda ta ba ka dubu biyun farko. Sauran kuwa karatu mai yawa ne ke kawo su, ba gwangwani ba.

A nan ne na ke da ja da tsarin zaurenmu, kuma ina neman afuwar malamaina. Mukan ɗauki yaron da bai iya neman ruwan sha da Larabci ba, mu aza masa Maƙamar Hariri, littafin da anka cika da baƙin kalmomi da gangan don gwanaye su gwada ƙwanji. Malam na fassarawa kalma kalma, almajiri na cewa na'am, a tashi. Wannan hanya ta tsare mana ilmi ɗaruruwan shekaru, kuma don fahimtar littafi ba ta da laifi. Amma bakin almajiri bai furta kome nasa ba, hannunsa bai ƙaga jimla ba. A haɗa masa da karatu mai sauƙi, wanda a layi goma bai fi kalma biyu ko uku za su ɓace masa ba, kuma ya fi kyau labarin da ya riga ya sani da Hausa, don sanin labarin ya riƙa haska masa kalmomin. Ya karanta da yawa, ya yi sauri, kada ya tsaya i'irabin kowace kalma. In ya gama, ya rufe littafin ya faɗi labarin da bakinsa, ko da karyayyen Larabci ne. Nana Asma'u 'yar Shehu, wadda ta rasu a 1864, ta yi wallafa da Larabci da Fulatanci da Hausa. Gidan da ta tashi ana karanta harsunan nan, ana kuma aiki da su.

Wajen furuci, kowane harshe da ramin da ya ke jefa Bahaushe. A Larabci ainun da ha mai shaƙe maƙogwaro, kun san su daga tajwidi. A Turanci p da f su ne abokan gabarmu, zama mu harafi guda gare mu a wurin, sa'an nan Turanci na jera baƙaƙe uku ba wasali, mu kuwa sai mun cusa wasali tsakani, shi ya sa munka sami sukurudireba. Harsunan maƙwabtanmu kuma suna da hawa da saukar murya, kamar yadda mu ke raba wuya na jiki da wuya ta wahala, kuma rubutu ba ya nuna wannan, sai kunne. Ku masu ajami kuna da wata riba a kan masu boko: alƙalaminku ya saba raba dogon wasali da gajere, ba ya haɗa gari na mutane da gari na tuwo. Magabatanmu da sunka rasa harafin tsa a Larabci, ɗigo uku sunka ɗora wa ɗa mai hannu. Ku yi kamarsu. Kun ji sautin da ba shi da harafi, ku ƙaga masa alama taku, ku tsare ta. Wayar da ke aljihunku kuma tana ɗaukar murya: ka roƙi mai harshe ya faɗi magana, ka faɗi taka a bayansa, ka saurari biyun. Na'urar fassara ta Google ta karɓi Hausa tun 2013, tana da amfani wajen duba kalma, amma sanda ce. Wanda ya bar ta ta rubuta masa wasiƙa, ita ta yi karatun ba shi ba.

Kada kuma wani ya ruɗe ku da cewa wata uku sun isa. Makarantar da ke koya wa jakadun Amurka harsuna ta ƙiyasta cewa mai jin Turanci na bukatar awa 600 zuwa 750 a aji kafin ya yi aiki da Faransanci, Larabci kuwa awa 2,200. In awa guda ce a rana, wannan na ƙarshe shekara shida ke nan. A ganina Bahaushe mai allo ba zai kai haka ba, saboda dangantaka da aron da na faɗa, amma dai awoyi ne a ke ƙirgawa, ba shekarun da anka yi ana niyya ba. Rabin awa kullum ta fi wuni guda a wata.

Gwamnatin Nijeriya ta kafa ƙauyen Faransanci a Badagry a 1991, da ƙauyen Larabci a Ngala ta ƙasar Barno a 1992, inda Larabawan Shuwa ke zaune, don ɗaliban jami'a su zauna wurin da ba su jin kome sai harshen da su ke nema. Ba kowa zai sami wannan ba, amma zaure ma yana zama ƙauye. Abin da na ke roƙon malamai shi ne a keɓe rabin awa bayan Isha, kwana uku a mako, wadda ba mai yin Hausa a cikinta. Dare ɗaya zancen kasuwa, dare ɗaya zancen gona, dare ɗaya wani ya ba da labari a yi masa tambayoyi. Kada a katse mai magana don gyara, malam ya riƙe kure biyu ko uku ya faɗe su a ƙarshe, ba tare da ambaton mai su ba. Masu neman Turanci su yi nasu zaman haka nan.

Harsunan maƙwabta kuwa ba su bukatar zaure, ƙauyensu na bakin ƙofarmu. Akwai cikinmu wanda ya shekara talatin yana awon dawa hannun Lelna, bai iya ce musu sannu da harshensu ba, kullum su ke hawowa zuwa namu. Wannan na da tsada. Sulhun gona ko na kiwo da anka yi ta bakin tafinta, rabinsa ke isa. Tsohuwar da ta zo neman magani takan faɗi ciwonta daidai da harshen da ta ke kuka da shi. Kuma ƙananan harsuna, irin na Gwamfawa da Wurawa na wajen Danko da Maga, masu yinsu na raguwa, yara na komawa ga Hausa. Saboda haka kowane almajiri a nan ya nemi abokin ciniki ko maƙwabci guda, ya roƙe shi gaisuwar safe da ta maraice da amsoshinsu, da ƙirga daga ɗaya zuwa goma, da sunan dawa da gero da ruwa da gishiri. Ya rubuta su da ajami yadda kunnensa ya ji, ya koma wa mutumin ya karanta masa har ya ce daidai ne. Ran Asabar mai zuwa kowa ya zo da takardunsa da gwangwaninsa uku, mu gwama abin da munka samo, don furucin Ribah da na Dabai ba lalle su zo ɗaya ba, kuma ina so a rubuta sunan garin mai maganar a gefen kowace takarda.